Labarin Bompai Da Maƙwabtanta

Cikin darasin labarin ƙasa an sha karanta mana siffar ƙananan ƙauyukan Ingila, har kusan ko wanenmu ya iya zana ɗaya a allo, ko da ya ke bai taɓa ƙetare teku ba. Ga majami'a ta dutse a tsakiyar gari, kaburburan kakanni kewaye da ita. Ga dandali mai ɗanyar ciyawa inda yara ke wasa, ga gidan babban mai ƙasa, ga maƙera, ga masauki inda manoma ke taruwa da maraice, sa'an nan gonaki masu shinge sun kewaye su duka. Amma abin da ya fi tsaya mana a rai shi ne, ƙauyen da mutanensa ba su wuce ɗari biyu ko uku ba, sai ka tarar an rubuta tarihinsa littafi guda. An san wanda ya mallaki ƙasarsa shekara ɗari tara da suka wuce, an kuma san sunayen limaman majami'arsa bi da bi.

Da muka yi ta jin wannan sai muka tambayi kanmu, to, mu fa? Wa zai iya kawo labarin ƙauye ɗaya na ƙasar Kano haka? Don haka muka ga ya kamata mu gwada, muka kuwa zaɓi Bompai, tare da 'yan'uwanta biyu, Sharaɗa da Calawa. Dalilin zaɓen shi ne, ba wanda bai san sunayen nan uku ba, amma in ka ambace su yau ba abin da ke faɗo wa mai ji a zuciya sai katangu, da manyan motoci, da hayaƙin injuna. An manta ƙasar noma ce, da mutanenta, da rijiyoyinta, da itatuwanta, tun ba a kafa tubalin kamfani ko ɗaya ba.

Yadda Ingilishi Suka Riƙe Labarin Ƙauyukansu

Kada a zaci Ingilishi sun fi sauran mutane tunawa ne. Rubutu ne ya riƙe musu. Cikin 1086 Sarki Wiliyam, wanda ya ci ƙasar da yaƙi shekara ashirin kafin nan, ya aiki manzanni su ƙidaya masa dukiyarta don ya san harajin da zai ɗora. Suka rubuta sunan gari, da mai shi, da yawan garmunan shanu, da manoma, da wuraren niƙa. Littafin nan, wanda su ke kira Domesday, yana nan har yau, da sunayen wurare fiye da 13,000 a cikinsa. Cikin 1538 kuma aka umarci ko wace majami'a ta riƙa rubuta jaririn da aka kawo mata, da wanda ya yi aure, da wanda aka binne. Tun 1899 malamansu suka fara tattara waɗannan suna rubuta tarihin ƙasar lardi lardi, ƙauye ƙauye, aikin kuwa bai ƙare ba har yanzu.

Ba duk ƙauyukansu ne suka tsira da siffarsu ba. Akwai wani wuri a arewa maso gabashin Ingila, sunansa Midilsboro, wanda cikin 1801 gidajen manoma huɗu ne kaɗai, da mutum 25. Cikin 1830 aka kai masa hanyar jirgin ƙasa don ɗaukar kwal zuwa bakin ruwa, cikin 1850 aka sami tama a tuddan da ke kusa da shi. Kafin 1901 mutanensa sun haura 90,000. Wanda ya ji wannan ya ji rabin labarin Bompai, watau jirgi ya zo, ciniki ya biyo shi, gona ta zama gari. Sai dai su can sun san gida huɗu ne da mutum 25, domin wani ya zauna ya rubuta.

Ƙasar Kafin Zuwan Turawa

Bompai tana gabas maso arewa da birnin Kano, bayan ganuwa, kamar tafiyar sa'a guda a ƙafa daga Ƙofar Mata, a gefen hanyar Haɗeja. Shimfiɗaɗɗiyar ƙasa ce mai jigawa, da 'yan duwatsu nan da can. Zaman mutane a wannan sashe daɗaɗɗe ne ƙwarai. Tarihin Kano, wanda H. R. Palmer ya juya da Turanci cikin 1908, aka kuma buga shi da Hausa cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu, ya ambaci Magwan da Jigirya da Fanisau cikin wuraren da manyan mutanen zamanin Barbushe ke zaune, tun kafin zuwan Bagauda. Magwan kuwa tana kudu da Bompai, Jigirya tana gabas, Fanisau tana arewa, sun sa ta a tsakiya ke nan. Littafin ya ce kuma Sarki Kutumbi, wanda ya yi sarauta daga 1623 zuwa 1648, ya gina gida a Tokarawa, can gaba kan wannan hanya, inda ya kan jira runduna ta taru in za shi yaƙi.

Zaman ƙauyukan kewayen birni ya bambanta da na Ingila. Can gidaje ne cunkushe kewaye da majami'a, gonaki a waje. Nan kuwa galibi gida gida ne a warwatse, ko wane magidanci a tsakiyar gonarsa, da dangar kara, da rumbuna, burtali ya ratsa tsakani don kada dabbobi su yi ɓarna. Mutane sun yi yawa har ba a barin gona ta huta. Abin da ya hana ƙasar gajiya shi ne taki. Da rani za ka ga ayarin jakuna sun shiga birni da itace, da kara, da hatsi, sun komo da mangaloli cike da toka da shara da kashin dabbobi, a jibge a gona tsibi tsibi kafin saukar damina. Birni ya ci daga ƙauye, ƙauye ya yi taki da sharar birni, kowa ya amfana. Mu riƙe wannan a zuciya, domin za mu komo kansa.

Gero da dawa da wake su ne abinci. Ana shuka auduga da baba don masaƙa da marina, da albasa da barkono a fadama. Itacen da ke gona, ko ɗorawa ce ko kuka ko tsamiya, yana da mai shi, ana gadonsa kamar yadda a ke gadon gona. In an kawar da amfani sai manomi ya koma ga sana'arsa, wani saƙa, wani jima, wani ƙira, wani ya ɗauki kaya ya nufi Kurmi. Gaskiya kuma ba ta cika sai mun faɗi cewa ba duk masu noman nan ne 'ya'ya ba. Sarakuna da manyan fada suna da gandaye da rinjoji kewaye da birni, irin na Fanisau da Nasarawa da Ɗorayi, inda bayi ke noma. Wannan ma yana cikin tarihin ƙauyukan.

Zamanin Bariki

Ran 3 ga Fabrairu, 1903, rundunar Kanar Morland ta shiga Kano, Sarki Alu ba ya gari. Gwamna Lugga ya naɗa Abbas a kan sarauta, aka bar Dokta Kargil shi ne Razdan, wanda Kanawa suka sa wa suna Mai Gunduma. Turawa ba su so zaman cikin birni ba. Suka fita waje ta gabas, suka zauna Nasarawa, suka kuma kafa barikin soja a Bompai, wurin da tsofaffin takardunsu ke kira Geza. A Nasarawa ne Ɗan Hausa, watau Hanns Vischer, ya buɗe makarantarsa cikin 1909. Tun daga sa'an nan gabashin Kano ya zama wurin baƙi da mulkin baƙi, birni yana nan da Sarkinsa da alƙalansa, bariki yana nan da Razdan da Joji.

Abu biyu suka sauya fuskar ƙasar. Na farko dokar ƙasa ce ta 1910, wadda ta sa dukan ƙasar Arewa ƙarƙashin hannun Gwamna. Manomi yana da ikon noma gonarsa da gadar da ita, amma in Gwamnati ta bukace ta sai ta karɓa, ta biya shi diyyar abin da ya shuka ko ya gina, ba kuɗin ƙasar kanta ba. Dokar 1978 ma ta bi wannan sawu, sai dai ta mai da ikon hannun gwamnan jiha. Da wannan doka aka yanki filin bariki, da ita kuma daga baya aka yanki filayen masana'antu. Na biyu ka'idar raba mazauni ce. Turawa sun ɗauka zazzaɓi daga gidajen baƙar fata sauro ke kawo musu shi, sabo da haka suka ce a bar fili na yadi 440, ba gini a cikinsa, tsakanin gidajensu da na 'yan ƙasa. Wannan ne asalin manyan filaye da faffaɗan hanyoyi masu inuwa da har yau a ke gani a Nasarawa da Bompai.

Amma bariki ba ya zama ba masu hidima. Soja yana da iyali, Bature yana da kuku da boyi da mai doki, ofis yana da akawu da masinja. Aka kafa Sabon Gari wajen 1913 don mutanen kudu da sauran baƙi. Tudun Wada da Gwagwarwa, wadda a ke kira Birget, suka cika da 'yan Arewa, tsofaffin soja da leburori da masu neman abinci. Barikin soja ya tashi daga baya, amma Bompai ba ta rabu da masu kaki ba, domin a nan ne babban ofishin 'yan sandan Jihar Kano ya ke, wanda yana cikin wuraren da aka kai wa hari ran 20 ga Janairu, 2012.

Jirgi Da Gyaɗa

Hanyar jirgin ƙasa ta iso Kano cikin 1911, aka buɗe ta ga kaya da fasinja cikin 1912. Turawa auduga suka sa rai za su samu don masaƙun Mancesta. Manomin Kano ya yi nasa lissafi, ya ga gyaɗa ta fi kuɗi, tana son jigawa, ba ta hana shi shuka gero a gona ɗaya, in kuwa shekara ta ɓaci ana iya cinta, ba a cin auduga. Sai gyaɗa ta yi ta kwararowa tasha a kan jakuna da raƙuma, har jirgi ya kasa kwashewa. Attajirai irin su Alhasan Ɗantata, waɗanda suka san hanyoyin fataucin goro tun dā, su suka shiga ƙauyuka suna saye wa kamfanonin Turawa. Buhunan da ke jiran jirgi aka riƙa jera su tsibi tsibi masu tsini, waɗanda muka sani da dalar gyaɗa.

Daga nan sauran abubuwa suka biyo. Cikin 1925 jiragen sama na farko suka sauka Kano, cikin 1930 aka kai hanyar jirgin ƙasa Nguru. Cikin 1931, zamanin Sarki Abdullahi Bayero, aka buɗe aikin ruwan famfo da lantarki da kuɗin Baitulmalin Kano, gidan ruwan kuwa a bakin kogin Calawa ya ke, kusa da Fanshekara. To, masana'anta abu huɗu ta ke nema, hanya, da ruwa, da wuta, da hannuwan ma'aikata. Duk huɗun sun haɗu a Kano.

Zamanin Masana'antu

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu masu kuɗi suka ga ba dalilin da za a kai gyaɗa Turai a matse, alhali ana iya matse ta a nan. Kwarori, watau mutanen Lebanon da Sham waɗanda Kantin Kwari ya ci sunansu, suna cikin na gaba a wannan aiki. Aka keɓe fili a Bompai, kusa da hanyar jirgi da hanyar Haɗeja, ya zama unguwar masana'antu ta farko a Kano. Cikin shekarun 1950 da 1960 injuna suka yi ta ƙaruwa, na matse man gyaɗa, da na saƙa, da na jima, da na sabulu, da turare, da alewa, da kwanuka, da takalman roba. In ka duba jerin nan da kyau za ka ga yawancinsa tsofaffin sana'o'in Kano ne suka shiga inji. Matan ƙauye sun daɗe suna matse mai suna toya ƙuliƙuli, masaƙa da majema kuwa su suka yi wa Kano suna tun fatun awakinmu na ƙetare Hamada har a Turai a ke kiransu fatun Maroko.

Su wa suka yi aikin? Yawanci 'ya'yan manoma ne, waɗansu daga ƙauyukan da aka karɓi gonakinsu, waɗansu 'yan cin rani, waɗansu kuwa gardawa ne da suka zo birni neman karatu suka haɗa da neman abinci. Wani masani Ba'amurke, Paul Lubeck, ya zauna da su cikin farkon shekarun 1970, ya buga littafi a kansu cikin 1986. Ya nuna yadda mutumin da ya saba auna yininsa da rana da kiran salla ya koma auna shi da jiniya da agogon heluma, da yadda lokacin salla da wurin yinta suka shiga cikin abin da ma'aikata ke nema ga masu kamfani. Cikin 1971, sa'ad da waɗansu kamfanoni suka yi jinkirin biyan ƙarin albashin Adebo, ma'aikatan Bompai suka yi yajin aiki, suna fita daga wannan ƙofa zuwa waccan suna kiran 'yan'uwansu. Unguwannin da ke kewaye, irin su Dakata da Kawaji da Gama da 'Yankaba, da ɗakunan hayar waɗannan mutane suka bunƙasa.

Sharaɗa Da Calawa

Da Bompai ta cika sai aka duba wani wuri. Tsarin raya Kano na shekara ashirin, 1963 zuwa 1983, wanda B. A. W. Trevallion ya shirya, ya tanadi faɗaɗa gari da wuraren sana'a. Cikin 1967 Kano ta zama jiha, Audu Bako ya zama gwamnanta na farko, kuɗin man fetur kuma suka shigo. Daga shekarun 1970 aka yanka filaye a Sharaɗa, kudu maso yamma da birni, kashi na ɗaya da na biyu da na uku, sa'an nan a Calawa, can gaba wajen Fanshekara cikin ƙasar Kumbotso. Sharaɗa ƙauye ce da mutanenta tun kafin wannan, tsohon garin yana nan har yau, katangun kamfanoni da sababbin unguwanni sun sa shi a tsakiya. Calawa kuwa sunan kogi ne, majemu da masaƙu suka taru kusa da shi domin aikinsu ba ya yiwuwa sai da ruwa mai yawa.

Amma tun ana cikin gina waɗannan gindin Bompai ya fara girgiza. Farin 1972 zuwa 1974 ya taɓa noma, cikin 1975 cuta ta faɗa wa gyaɗa, dala ta ɓace, injunan matse mai suka rasa abin matsewa. Cikin 1986 aka shigo da tsarin gyaran tattalin arziki, darajar naira ta faɗi, kayan gyaran inji da a ke sayowa daga waje suka yi tsada. Wutar lantarki ta zama sai an gani, mai kamfani ya koma ƙona man dizal. Yadi da atamfa masu araha daga ƙasar Sin suka cika Kantin Kwari. Masana'antu da yawa suka rufe, waɗansu suka zama sito na ajiye kayan da aka shigo da su, waɗansu aka yanka su fuloti. Akwai masu aiki har yanzu, musamman na roba, da fatu, da casar shinkafa, da man girki. Cikin 2020 kuma aka fara shimfiɗa bututun gas daga Ajakuta ta Kaduna zuwa Kano, da nufin samar wa injuna makamashi.

Inda Ruwa Ke Tafiya

Yanzu mu koma kan jakunan nan masu taki. Mun ce dā sharar birni ce ke fita ƙauye ta komo abinci. Wannan zagaye bai tsaya ba, abin da ke cikinsa ne ya sauya. Ruwan da ke fitowa daga masana'antun Bompai yana faɗawa rafin Getsi, Getsi ya haɗu da Jakara wadda ta ɗauko dattin birni, su tafi tare har madatsar Wasai ta wajen Minjibir. Na Sharaɗa yana bin rafin Salanta, shi da na Calawa su zube cikin kogin Calawa, wanda ke gangarawa wajen Tamburawa da Wudil, inda a ke ɗiban ruwan sha. A bakin rafukan nan manoma na noman rani, latas da kabeji da alayyafo da karas, su kawo kasuwa, mu saya mu ci.

Majemin gargajiya da toka da bagaruwa ya ke jima, abin da ya zubar ƙasa tana iya cinye shi. Majemar inji kuwa da wani gishirin ƙarfe ta ke aiki, sunansa kuromiyam, masaƙa kuma tana zubar da ruwan rini mai haɗin magunguna. Irin waɗannan ba su ruɓewa kamar shara, su kan zauna cikin ƙasa, su shiga ganye, su shiga kifi. Masana na jami'o'inmu sun sha auna ruwan rafukan nan suna samun ƙarafa a cikinsa. Manomin da ke ban ruwa da shi ba don ya raina lafiya ba ne, shi ne ruwan da ba ya ƙafewa da rani, gonar kakansa kuwa ta tudu tana ƙarƙashin katanga. Maganin abin sananne ne, watau a tace ruwan tun bai bar masana'anta ba. Wanda ya san tarihin wurin shi zai fi gane cewa rafin nan yana da masu shi tun kafin inji ya zo.

Halin Wurin

In an ce mu faɗi halin Bompai a taƙaice, sai mu ce wuri ne da ko da yaushe ya ke yi wa birni hidima daga bayan ganuwa. Ya ciyar da shi da hatsi da itace, ya ɗauki baƙin da ba su zauna cikinsa ba, ya ba 'ya'yansa aikin albashi, ko wane zamani kuwa ya bar alamarsa. Mai tafiya a ƙafa da safe zai ga tsohuwar kuka ko tsamiya tsaye a bakin katanga, ba mai kamfani ne ya dasa ta ba. Zai ga tsohon gidan Turawa mai faffaɗar baranda, da ƙarfen hanyar jirgi da ƙasa ta binne rabinsa, da bututun hayaƙin da ya daina hayaƙi. Da damina kuma duk inda fili ya rage, ko bayan sito ne ko gefen hanya, zai tarar wani ya shuka masara ko kuɓewa ko wake. A ƙofar ko wace ma'aikata akwai mai shayi, da mai ƙosai, da ɗan masallaci na langalanga. Ƙauyen bai mutu ba, yana nan a tsakanin katangu, sai dai ba a ba shi shafi a littafi ba.

Abin Da Ya Rage Gare Mu

Kada wani ya ce ai mu ba mu da Domesday. Muna da abin da ya yi kusa da shi. Zamanin Sarki Abbas aka fara auna gonakin kewayen Kano da takun ƙafa don yanka haraji, daga baya ma'aunan En'e suka zana taswirar gonaki a gundumomi irin su Ungogo da Kumbotso, ko wace gona da sunan mai ita. Shi ma Sarki Wiliyam ai haraji ya nema, ba tarihi ba, amma jikoki suka sami tarihi a ciki. Akwai takardun mulkin Lardin Kano a gidan ajiye takardun tarihi na Kaduna, akwai Hukumar Tarihi da Al'adu a Gidan Ɗan Hausa, akwai gidan tarihi na Gidan Makama. Fiye da waɗannan duka akwai tsofaffi. Wanda ya shiga masaƙa yana saurayi cikin 1970 yau ya haura saba'in, wadda ta ga an karɓi gonar mahaifinta a Sharaɗa tana yarinya yau kaka ce. In suka kau ba a tambaye su ba, abin da ke kansu ya tafi ke nan.

Mu da za mu fita mu koyar, wannan aiki namu ne. Shawararmu ita ce, ko wanenmu in ya tafi hutu ya ɗauki littafin rubutu ɗaya ya keɓe shi ga ƙauyensu ko unguwarsu. Ya je ya gai da dagaci da liman, ya durƙusa gaban tsofaffi maza da mata, ya tambayi asalin sunan garin, da wanda ya sare shi, da jerin masu sarautarsa, da tsofaffin rijiyoyi da kasuwanni da maƙabartu, da shekarun yunwa da na annoba, da ranar da mota ta fara shigowa. Ya rubuta sunan wanda ya faɗa masa da ranar da ya faɗa, in biyu sun saɓa ya rubuta duka biyun, kada ya zaɓi wanda ya fi masa daɗi. In ya kama aji kuma ya sa yaransa su yi haka, domin yaron da ya zana taswirar unguwarsu da hannunsa ba zai sha wuyar gane taswirar duniya ba.

Kano ba ta daina faɗaɗa ba. Abin da ya sami Bompai jiya, ya sami Sharaɗa da Calawa bayanta, shi ke samun ƙauyukan hanyar Haɗeja da ta Zariya da ta Katsina yanzu. Hausawa sun ce in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Ba mu da ikon tsai da gari, ba kuwa ƙin sana'a mu ke yi ba, domin da ita mutane da yawa suka ci abinci suka yi aure. Amma muna da ikon rubuta gida nawa ne a wurin, da sunayen masu su, tun ba a zuba kankare ba. Muna roƙon wanda ya riga mu yin haka cikin malamai ko 'yan'uwa ya aiko wa wannan mujalla da nasa, a buga kowa ya ƙaru. Allah ya sa mu dace, amin.